Kunya Tara

Yanzu idan mutum biyu suka yi rigimar iyakar gona a ƙasar Madarumfa, kumandan, Nasaran da ke mulkin ƙasar, kan aiko wani mai dogon wando da sarƙar ƙarfe da takarda, ya ja nan, ya auna can, ya zana gonar a takarda, kowa ya koma gida yana gunaguni. Ba na raina aikinsu. Amma tawa rigimar ta faru tun ba mu taɓa sa Nasara a ido ba, shekaru kaɗan kafin su iso, kuma wanda ya raba ta bai san ko alif ba. Da hauya ya karanta mana ƙasa, ni kuwa ya sa na riƙe masa hauyar.

A wancan zamani ba a yin nisa da gari wajen noma, saboda mahara. Don haka ƙasar bakin tabki ta fi kowace daraja, ga ta kusa, ga shi ruwa kan rufe ta da damina ya janye da kaka ya bar laka mai kyau, mutum ya yi albasa da taba har bazara. Gonata tana can. Ubana malami ne, daga wajen Katsina ya zo yana saurayi, ya auri 'yar wani babban manomi daga cikin Anna, masu bin gargajiyar kakanni. Surukin ya yanka masa gefen kudu na gonarsa ya ba shi. Sauran gonar ta arewa ta faɗa hannun kawuna, daga shi kuma ta koma ga ɗansa. Wato maƙwabcina a gona taubashina ne, sa'ana, wanda muka tashi muna kokawa da zagin juna ba mai jin haushi. Yana ce mini ɗan baƙo, ina ce masa ragon gora, don rabin rayuwarsa a kife yake bisa gora a tsakiyar tabki yana su, gona kuwa sai ya ga dama.

A tudu gamba ake dasawa a iyaka. A bakin tabki gamba ruɓewa take yi, sai a tayar da wata babbar kunya tsakanin gona da gona, wadda ba a shuka komai a kanta. Ruwa ya zo ya narkar da ita, da kaka wanda ya riga zuwa ya sake tayar da ita. Tun da ubana ya rasu, ni ke riga zuwa. Ni mutum ne mai sammako da cika baki, ban ɓoye ba. Kowace shekara in tsaya, in dubi nan, in dubi can, in ce ai ga wurin, in tayar da kunyar iyaka kafin taubashina ya wanke ido. Bai taɓa cewa uffan ba.

Sai na haƙa rijiya. Ita ce abin alfaharina a duniya. Da hannuna na haƙa ta a gefen arewa na gonar, gaba biyu da rabi, na ɗaure bakinta da itace, na kafa jigo. Ruwanta garai-garai, ba ta ƙafewa ko da bazara ta yi tsanani. Albasata ta zama abin kwatance, fatake masu bi ta Ɗan Issa har tambayarta suke yi. Ba rijiyar nan, ba albasa, tabki kuwa in ya janye sai ka yi tafiya mai nisa cikin taɓo kafin ka cika tulu ɗaya.

Akwai abin da na yi wanda dole in faɗa, ko da ba ya mini daɗi. Wata rana da bazara, ruwa ya ɗan ja ƙasa, na tarar da matar taubashina tana ɗiba a rijiyata. Mace ce mai shiru-shiru, ba ta taɓa ɗaga mini ido ba. Na tashi da faɗa, na ce rijiyar ba ta gari ba ce, wanda ke son ruwa ya ce wa mijinsa ya sauko daga gora ya haƙa. Ta juye abin da ta ɗiba a cikin fangalin albasata, ta ɗauki tulunta ba komai a ciki, ta nufi tabki. Na ji ɗan wani abu a raina, amma ban kira ta ba.

Daminar da ta biyo baya gulbin Gabi ya zo da fushi. Ruwa ya haura har inda bai saba kaiwa ba, da ya janye ya bar jar laka shimfiɗe kamar an yi daɓe, ba kunya, ba hanya, sai kan jigona da ke leƙowa. Ranar da ƙasa ta yi taurin takawa na saɓa hauya da asuba na tafi. Me zan gani? Ragon gora, wanda ban taɓa gani a gona kafin hantsi ba, ya riga ya tayar da kunyar iyaka, doguwa, miƙaƙƙiya, kuma ya bar rijiyata a gefensa. Yana zaune a kanta yana shan fura.

"Ɗan baƙo, ka makara," in ji shi. "Bana ni yi maka aikin. Ba sai ka gode ba."

Ban san sa'ad da na jefar da hauya ba. Na ce masa ɓarawo, na ce masa abin da ya fi haka. Ya saurara har na gaji, sannan ya ce shi dai nan ubansa ya nuna masa, in ban yarda ba mu tafi wurin mai gari. A wannan karon babu dariya a muryarsa, na kuma san maganar matarsa ce ke cinsa.

Mai gari ya zauna da mu a gindin tsamiyar ƙofar gidansa, aka kira shaidu. Kai, ban taɓa ganin shaidu irin waɗannan ba. Wani tsoho ya ce iyakar tana daidai da wata goruba, aka tambaye shi ina gorubar, ya ce ai an sare ta tun yana da haƙora. Wani ya ce daidai inda jakinsa ya taɓa maƙalewa a taɓo, amma jakin ya mutu, shi kuwa ranar bai kula ba don hankalinsa na kan jakin. Wata gwaggonmu ta rantse ta san wurin sarai, aka kai ta, ta tsaya a tsakiyar gonar wani mutum dabam. Kowa ya gani da idonsa, kowa kuma abin da ya gani daban.

Da na ga abin yana neman zama wasa sai na miƙe na ce a kawo Alƙur'ani in dafa. Na ce inda hauyar ubana ta tsaya nan tawa ta tsaya, ban ƙara ko yatsa ba. Da zuciya ɗaya na faɗa, Allah shi ne shaida. Taubashina ya ce shi ma a kai shi gindin itacen gidansu ya rantse irin tasu. Mai gari ya girgiza kai.

"Ba ni bari," ya ce. "Ku biyu jininku guda na. In kun rantse, dole ta kama ɗaya, ni kau ba ni da ɗiyan zubarwa. A aika Gabi a kira tsohon nan mai haƙar rijiya. Shi ba shaidar ido shika badawa ba. Ƙasa shika tambaya."

Bayan kwana uku tsohon ya iso bisa jaki. Ɗan ƙaramin mutum ne, busasshe, hannuwansa sun fi ƙarfin jikinsa, idanunsa a tsuke kamar na wanda ya daɗe a cikin rami. An ce babu rijiyar da ke tsakanin Gabi da Maraɗi da bai shiga ba, kuma in iyaka ta ɓace shi ake nema. Ni da wayona na tare shi tun a hanya, na cika masa aljihu da tabar da ta fi kowace kyau a rumbuna. Ya tauna, ya lumshe ido, ya ce rabonsa da taba irin wannan tun yana da ƙuruciya. Na ce a raina, to, an gama.

Da muka isa gonar, gari duk ya biyo mu. Tsohon bai dubi kunyar taubashina ba, bai dubi rijiya ba. Ya tsuguna, ya share ƙasa da tafin hannu, ya ajiye sakaina ya ce wannan tabki ne. Ya zana gona biyu da yatsa, ya sa ƙwallon goruba ya ce wannan rijiya. Sannan ya fara tambaya, tambayoyin da na ga ba su da kai ba su da gindi. Wace shekara ruwa ya taɓa yin ambaliya irin ta bana? Mutane suka ce shekarar da malam ya rasu, shekara goma ke nan, ya rasu da bazara, daminar ta zo da farin rairayi ta rufe gonakin. Ya ce to. Ya juyo wurin taubashina, ya ce ku ina kunyoyinku ke fuskanta? Ya ce su tun kaka da kakanni tare da bakin tabki suke bi, kudu da arewa, don su tare ruwa. Ya juyo wurina.

Nan fa na samu abin faɗa. Na ce mu ba haka muke yi ba. Ubana gabas yake miƙa kunyarsa, duk garin nan shi kaɗai, don in azahar ta same shi a gona sai ya tsaya a kwarin kunya ya ta da salla, ba sai ya nemi alƙibla ba. Ni ma haka na gada, ban canza ba. Na faɗa da ƙarfi don Annan da ke wurin su ji. Tsohon ya ja layuka a taswirarsa, nawa a kwance, na taubashina a tsaye, ya daɗe yana kallo. Sannan ya ja dogon layi guda daga tsakiyar gonata, ya wuce ta gefen ƙwallon goruba, ya shiga gonar taubashina.

"Nan za ku haƙa min," ya ce. "Ku biyu, da hannunku. Hwaɗin kamu guda, zurhin gwiwa. Bangon ramin shi zan sumul, awa na ɗakin amarya."

Muka haƙa, ni daga kudu, shi daga arewa, ba mai ce wa wani sannu. Tsohon yana zaune a inuwar jakinsa yana taunar tabata. Wajen azahar muka haɗu a tsakiya. Ya sauko cikin ramin, ya karɓi wuƙa, ya kankare bangon a hankali, ya yayyafa masa ruwa da baki. Sai ga abin mamaki. A ƙarƙashin jar lakar bana, baƙar ƙasa ta fito tana hawa tana sauka, tudu da kwari, tudu da kwari, tun daga kudu. Ya ce ruwan da ke zuwa sannu narkar da kunya yake yi, wanda ya zo da fushi rufe ta yake yi da ranta. Ramin ya yanke kunyoyina a gicciye, shi ya sa suka fito haka. Na taubashina kuwa tare da ramin suke tafiya, don haka a gefensa layin a miƙe yake. Inda hawa da sauka suka ƙare, nan gonata ta ƙare.

Muka bi bangon da ido. Tudu da kwari suka yi ta tafiya, suka wuce kunyar da taubashina ya tayar, suka wuce rijiya, suka ƙara uku a bayanta, sannan suka tsaya.

Wayyo, abin da na yi a wurin! Na yi tsalle na fito daga ramin, na yi kirari, na ce ragon gora ya zo ya karanta in ya iya karatu. Na ce ƙasa ma ta san ɗan malam. Har na ce wa wani ya je gida ya gaya wa matata ta dama fura mai yawa. Taubashina ya tsaya da laka har ƙugu.

Tsohon ya tofar da taba.

"Ɗana, wagga ta bara ta," ya ce. "Kai cewa kay yi inda hauyar ubanka tat tsaya. Ubanka na ƙasa. Ɗauko hauya."

Ban ji tsoron komai ba. Na koma cikin ramin da ƙarfina, har ina waƙa. Muka ƙara zurfi, baƙar ƙasa ta wuce, sai hauya ta fara ƙara dabam. Farin rairayi, kaurinsa ya kai taƙi guda, shimfiɗe daga wannan kai zuwa wancan. Tsohon ya ce mu sassauta, mu ƙara kaɗan. Ya sake kankarewa, ya sake fesa ruwa.

Ga su nan. Kunyoyin ubana na ƙarshe, waɗanda ya tayar da kakar da ba ta sake zagayo masa ba, kwance a ƙarƙashin rairayi kamar jiya ya bar su. Na gane su. Nasa sun fi nawa tsayi, sun fi nawa tsari, tazararsu ɗaya kamar an auna da igiya. Na tuna shi a duƙe, rigarsa a ɗaure a ƙugu, yana karatu ƙasa-ƙasa yana jan ƙasa. Shekara goma ban ga aikin hannunsa ba. Na sa yatsa na taɓa ɗaya, idona ya cika, ban damu da wanda ke kallo ba.

Tsohon ya bar ni na ɗan lokaci. Sannan ya kama hannuna, da yatsana ya bi su, tudu, kwari, tudu, kwari, har muka zo ga wata babba mai faɗi wadda ta fi sauran. Daga ita sai layi ya miƙe. Ya ce in ɗaga kai. Na ɗaga. Kunyar da taubashina ya tayar tana bisa kanmu daidai, ko taƙi ba ta kauce ba. Rijiyata tana can gaba, a cikin ƙasar kawuna.

Ya sa aka ƙidaya na sama, daga iyakar ubana zuwa inda nawa suka ƙare. Jama'a suka ƙidaya da baki ɗaya, har da mata. Tara. Kaka tara na tayar da kunyar iyaka, kowace shekara idona ya ɗan karkata arewa da kunya guda, ni kuwa ina ta cewa ai ga wurin. Wallahi ban taɓa sanin ina yi ba. Amma na lura ba a taɓa samun shekarar da idon ya karkata kudu ba.

Mai gari bai yi dogon jawabi ba, ƙasa ta riga ta yi. Ya dai ce in gode wa Allah da bai bar ni na dafa Alƙur'ani ba. Tsohon ya hau jakinsa, ya ce in na sake yin taba irin waccan in aika masa. Wani daga bayan taro ya ce, "Kunya tara!" Sai wani ya maimaita, ya karya muryar yadda kalmar ta koma ɗaya kunyar, wadda ake ji a fuska. Wurin ya ɓarke da dariya. Sunan ya bi ni har yau, jikokina ma sun san shi, ko da yake suna tsammanin don yawan noma aka sa mini.

Kafin a mayar da ƙasa na roƙi a dakata. La'asar ta yi. Na yi alwala da ruwan rijiyar da ba tawa ba, na tsaya a bakin ramin, na daidaita da kunyar ubana, na yi salla. Taubashina ya jira har na sallame, sannan muka rufe ramin tare. Da muka gama ya ce, "Ɗan baƙo, ka iya haƙa rijiya dai, wannan ba a ƙwace maka." Na saɓa hauyata na nufi gida.

Kwana huɗu ban je gona ba. Amma irin albasa na cikin fangali, ba ya san shari'a ba. Rana ta biyar na ɗauki tulu biyu, na yi niyyar in wuce tabki cikin taɓo, ko zan kai hantsi. Hanyar kuwa ta gefen rijiya ta bi. Na tarar da matar taubashina a wurin ita kaɗai, tana jan jigon da na kafa da hannuna. Na sunkuyar da kai, na yi kamar ban gan ta ba, na ƙara sauri.

"Ina za ka da tulu?" ta ce.

Na tsaya. Na ce tabki.

"Tabki da nisa," ta ce. "Na san shi. Kawo nan."

Da ta zage ni da na ji sauƙi, don na iya amsa zagi. Ta karɓi tulun farko ta cika, ta karɓi na biyu ta cika, ta goge bakinsa da gefen zanenta, ta taimake ni na ɗora a kafaɗa. Ba ta tayar mini da tsohuwar maganar ba, ranar ko wata rana. Shekara talatin da wani abu na ɗibi ruwa a rijiyar nan, har ta rufta, ba a taɓa hana ni ba, kuma ban taɓa sa guga a cikinta ba sai na yi sallama.

Na ɗauki tuluna na haura kunyar iyaka zuwa gefena. Mutanen gari tara suka ƙidaya, don iyakar abin da suka gani ke nan a bangon rami. Ta goma a kafaɗata na ɗauko ta da safen nan, tana zuba mini a wuya, na kai wa albasa.